Wa Ya Riƙe Bindigar a Birnin Ƙonni?

A watan Maris na 2013 tashar talabijin ta ZDF ta ƙasar Jamus ta nuna wani wasan kwaikwayo mai kashi uku, Unsere Mütter, unsere Väter, wato iyayenmu mata da iyayenmu maza. Mutum kusan miliyan bakwai ne suka zauna kallon kowane kashi, kuma makonni aka yi ana ce-ce-ku-ce a kansa a jaridu da gidajen mutane. Labarin abokai biyar ne da suka yi bankwana a Balin a 1941, gab da Hitila ya afka wa Tarayyar Sobiyet, suna zaton za su sake haɗuwa kafin ƙarshen shekara. Biyu daga cikinsu wa da ƙane ne, suna runduna ɗaya. Wan, Wilhelm, laftanan ne mai kishin aikinsa. Ƙanen, Friedhelm, yaro ne mai son karatun littattafai, wanda ko bindiga ba ya son ɗauka, har abokan aikinsa na ce masa matsoraci. Abin da ya girgiza Jamusawa shi ne yadda yaƙi ya juya su biyun. An umarci Wilhelm ya harbe wani fursunan yaƙi, jami'in siyasa na rundunar Sobiyet, bisa dokar da aka ba sojojin Jamus a Yunin 1941. Ya san haramun ne, ya yi jim, amma ya kai mutumin cikin daji ya harbe shi. Shi kuwa Friedhelm mai taushin zuciya, shi ne daga baya ya kawo shawarar a tasa ƙauyawa a gaba su bi ta cikin fadamar da aka binne nakiyoyi, domin su tashi da su maimakon sojoji. Kafin a gama, wan ya gudu daga fagen fama an kama shi an jefa shi rundunar horo, ƙanen kuma ya zama wanda ba ya ƙiftawa idan zai yi kisa.

Ina ganin mutanen Birnin Ƙonni da Malbaza da Illela sun fi kowa cancantar a yi musu irin wannan wasa da Hausa, domin labarin da ya fi na Jamusawan nauyi a ƙasarsu ya faru, kuma har yau ba a ba da shi ta fuskar da ta fi wuya ba, wato fuskar sojan da aka ce ya harba ya harba.

A watan Janairun 1899 wata rundunar Faransa ta tashi daga bakin kogin Kwara, wajen Sayi, ta nufi tafkin Chadi ƙarƙashin Kyaftin Paul Voulet da mataimakinsa Kyaftin Julien Chanoine, ɗan wani janar da ya taɓa riƙe ma'aikatar yaƙi ta Faransa. Ba baƙi ba ne ga zub da jini, su ne suka ci Wagadugu a 1896, kuma Faris ta san irin hannun da suke da shi lokacin da ta damƙa musu wannan aiki. Ba a ba su isasshen guzuri ba, an bar su su ci daga abin da suka tarar a hanya, kuma a tsakiyar rani, lokacin da rijiya ɗaya ke ɗaukar gari guda da ƙyar. Runduna mai sojoji ɗaruruwa da 'yan dako da mata da dabbobi, idan aka ce ta ciyar da kanta a irin wannan ƙasa, an riga an yanke wa garuruwan hanya hukunci tun kafin a iso su. A Sansane Hausa suka fara, suka kashe mutum fiye da ɗari, har da mata da yara. A tsakiyar Afrilu suka gwabza da Sarauniya Mangu a Lugu. A farkon watan Mayu suka iso Birnin Ƙonni, gari mai ganuwa da kasuwa, suka buɗe masa igwa, suka shiga, suka karkashe mutanensa, suka cinna masa wuta. Masana tarihi suna lissafa abin da ya faru a Ƙonni cikin mafi munin kashe-kashen da mulkin mallakar Faransa ya yi a Afirka, kuma wasunsu suna maganar dubban rayuka. Wani abin ma, bisa yarjejeniyar da Faransa da Ingila suka sa wa hannu a Yunin 1898, duk abin da ke cikin mil 100 daga Sakkwato rabon Ingila ne, Ƙonni kuwa tana ciki. Ko a dokar 'yan mulkin mallakar kansu Voulet ba shi da hurumin taka garin.

To amma Turawan da suka fito da wannan runduna su tara ne kacal. Mutum tara ba sa kewaye birni, ba sa bin gida gida, ba sa cika rijiya da gawa. Hannayen da suka yi wannan aiki galibinsu baƙaƙe ne, sojojin da aka ɗebo daga ƙasashen Bambara da Mosi da sauran yammacin Afirka, wasu na albashi, da yawa kuma 'yan sa-kai da aka yi wa alkawarin ganima da bayi. Cikinsu akwai masu salla. An ruwaito cewa ana sa su kawo hannuwan waɗanda suka kashe a matsayin shaidar harsashin da suka ɓatar, kuma ɗan dakon da ya gaza tafiya a nan ake gamawa da shi. Wannan ita ce gaskiyar da muke tsallakewa idan muna ba da labarin, domin ba ta da daɗin faɗi. Abdoulaye Mamani ya rubuta littafinsa a kan Sarauniya a 1980, Med Hondo ya mai da shi fim a 1986, kuma dukansu sun yi babban aiki, sun ba 'yan Nijar jarumar da za su ɗaga kai da ita. Faransawa sun yi nasu fim ɗin talabijin, Capitaines des ténèbres na Serge Moati, wanda ya fi mai da hankali ga abin da ke cikin kan hafsoshin biyu. Fim ɗin African Apocalypse na 2020 ya bi sawun rundunar ya saurari jikokin waɗanda abin ya shafa. Jaruma ta samu mai ba da labarinta, azzalumi ya samu, wanda aka zalunta ya fara samu. Saura sojan da ke tsaye a sahu da bindiga, wanda ya ji umarni da harshen da bai gama fahimta ba ta bakin tafinta, ya dubi matar da ke gabansa mai kama da uwarsa, ya ja kunamar.

Dalilin da ya sa na ce wannan soja ne ya kamata a sa a tsakiyar wasan shi ne abin da ya faru wata biyu bayan Ƙonni. Tun kafin nan, wani laftanan mai suna Peteau, wanda Voulet ya kora bayan sun saɓa, ya rubuta wa budurwarsa wasiƙa yana zayyana ta'asar da ake yi, wasiƙar ta kai ga gwamnati a Faris. Shi kansa Peteau hannunsa ba tsarkakakke ba ne, kuma sai da aka kore shi bakinsa ya buɗe. Aka tura Laftanan Kanar Klobb ya bi rundunar ya karɓe ta. Klobb bai sha wahalar neman hanya ba, ƙonannun garuruwa ne suka yi masa jagora, ya bi ta kufan Ƙonni, ya ga yara mata a rataye a bishiyoyi a Koran Kalgo, ya rubuta abin da ya gani a littafin tafiyarsa. Ran 14 ga Yulin 1899 ya cim ma Voulet a Dankori, kusa da Tasawa. Klobb ya hana nasa mutanen mai da wuta. Voulet ya ce a harbe shi, kuma sojojinsa suka harbe shi. Daga nan Voulet ya shaida wa mutanensa cewa shi ya bar Faransa, zai kafa daular kansa da su. Bayan kwana biyu sojojin nan suka juya. Ran 16 ga wata suka kashe Chanoine, washegari suka kashe Voulet. Kaburburan su biyun suna nan a Maijirgi har yau.

Wannan tawaye ya rushe hujjar da aka saba kawowa cewa sojan Voulet ba shi da zaɓi. Mutanen da suka iya kashe kyaftin biyu a watan Yuli suna da bindigogin nan a hannunsu a watan Mayu, kuma yawansu bai canza ba. Abin da ya canza shi ne abin da za su yi asara. A Ƙonni bin umarni yana kawo ganima. Bayan Dankori bin umarni yana nufin ba za su ƙara ganin gida ba, kuma Faransa za ta farauce su a matsayin 'yan tawaye. Ba na cewa babu wanda zuciyarsa ta karaya a cikinsu tun farko, tabbas akwai, kuma shi ne mutumin da marubucin wasa zai nema. Amma a matsayin runduna sun tsaya ne ranar da abin ya zo kansu. Kafin watan ya ƙare kuwa, sojojin nan dai, ƙarƙashin sauran hafsoshin, suka ci Damagaram, daga baya aka kashe Sarki Amadu Kuran Daga. Hafsoshi biyu, Joalland da Meynier, suka ƙarasa da rundunar zuwa Chadi, aka haɗu aka kashe Rabe a Kusuri a Afrilun 1900, kuma dukansu biyu sun kai muƙamin janar. Majalisar dokokin Faransa ta ƙi kafa kwamitin bincike a 1900, aka rufe maganar a 1902 da cewa zafin Afirka ne ya taɓa ƙwaƙwalwar kyaftin biyun. Wato Faransa ta yafe wa kanta, ta riƙe ƙasar da haukan ya ci mata.

Abin da aka gano a Jamus ya yi daidai da wannan. Masanin tarihi Christopher Browning ya bi takardun wata bataliyar 'yan sandan ko-ta-kwana ta Jamus, mai lamba 101, wadda aka tura ta kashe Yahudawan garin Józefów na Polan a Yulin 1942. Kwamandansu ya ce duk wanda ba zai iya ba ya fito gefe. Cikin mutum kusan ɗari biyar, kimanin goma sha biyu ne suka fito, kuma ba a yi musu komai ba. Sauran magidanta ne masu 'ya'ya, ba wasu ƙasurguman 'yan Nazi ba, abin da ya riƙe su a sahu shi ne kunyar abokan aiki da tsoron a ce musu ragwaye. Masu binciken laifuffukan Nazi a Jamus sun yi shekaru suna neman misali guda na sojan da aka kashe don ya ƙi harbin farar hula marasa makami, ba su samu tabbatacce ba. Shi ya sa wasan na ZDF ya yi tasiri. Ya nuna cewa mutum ba ya zama makashi rana ɗaya, da kaɗan kaɗan ake yi, yau ka kau da kai, gobe ka riƙe wa wani igiya, jibi kai ne mai ba da shawarar fadama.

Akwai masu cewa irin wannan wasa zai rage wa Faransa nauyin laifinta, a daidai lokacin da jikokin mutanen Ƙonni da Lugu da Tasawa da Damagaram suke neman ta amsa abin da ta yi ta buɗe takardunta. Wannan tsoro yana da tushe, kuma wasan Jamusawan kansa shi ne shaida. An zarge shi da mai da Jamusawa abin tausayi, samari masu kirki da yaƙi ya ɓata, alhali 'yan Nazi na gaske an tura su gefe kamar wasu baƙin halittu. Polan ta fusata da yadda aka nuna mayaƙan sa-kanta a matsayin maƙiya Yahudawa, har wata kotu a Krakow ta umarci masu wasan su nemi afuwa a 2018. Wanda zai rubuta wasan Ƙonni dole ya koyi darasi daga nan. Sai dai laifi ba kamar tuwo ba ne da idan wani ya ɗiba na wani zai ragu. Gwamnatin da ta tura runduna ba guzuri tana da nata cikakke, kyaftin da ya ba da umarni yana da nasa cikakke, kuma wanda ya ja kunama yana da nasa. Dokar duniya ma haka ta tsara. Kotun Nuremberg ta 1945 ta ƙi karɓar "umarni aka ba ni" a matsayin abin da ke wanke mutum, ta ce iyakarsa ya sassauta hukunci, kuma dokar da ta kafa kotun duniya ta Hague ta ɗora wa kwamanda alhakin abin da ya sani ko ya kamata ya sani yaransa suna yi. Wasan da ya nuna yadda aka ɗebo talaka daga Segu aka mai da shi makashin talakan Ƙonni ya fi tona asirin mulkin mallaka fiye da wanda ya tsaya kan mahaukata biyu, domin labarin mahaukata biyu shi ne ainihin wanda Faransa ta zaɓa tun 1902.

Wasu kuma za su ce ai zalunci ne a auna sojan 1899 da ma'aunin Nuremberg, mutumin da wataƙila shi kansa bawa ne aka saya aka sa masa kaki, bai san wata doka ta Turai ba. Gaskiya ne tilas tana rage nauyi, kuma Faransa ba ta taɓa ɗaukar ran waɗannan sojoji da daraja ba, abin da ta yi wa jikokinsu a sansanin Thiaroye na Senegal a Disambar 1944, lokacin da suka nemi haƙƙinsu aka buɗe musu wuta, ya isa shaida. Amma ma'aunin ba daga Turai ya zo mana ba. Duk almajirin da ya zauna gaban malami a Ƙonni ko Illela ya ji labarin kwamandan da Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya naɗa wa wata runduna, wanda ya fusata ya sa aka hura wuta ya ce mutanensa su shiga. Suka ƙi, kuma da labari ya kai Madina aka gaskata su, aka bayyana cewa biyayya tana cikin abin da yake daidai ne kawai. Wasiyyar da Sayyidina Abubakar ya yi wa rundunar Sham, wadda ta hana kashe mata da yara da tsofaffi da sare itatuwa masu 'ya'ya, tana cikin Muwaɗɗa ta Imamu Malik da ake karantawa a zaurukan ƙasar Hausa tun kafin a haifi Voulet. Waɗanda ba Musulmi ba a cikin rundunar su ma sun fito daga al'ummomin da suka san bambancin yaƙi da kisan gilla. Cewa baƙin soja bai san abin da yake yi ba raini ne irin na Bature, wanda ya ɗauke shi kamar wani ɓangare na bindigar.

Hujjar da ta fi ƙarfi ita ce ta lokaci. Nijar tana cikin yaƙi, jihar Tawa ta ga abin da ya faru a Tillia a Maris na 2021, inda 'yan ta'adda suka kashe mutum 137 a rana ɗaya, kuma iyakar Ƙonni da Sakkwato ba ta rabu da 'yan bindiga ba. Samarin Adar da Ƙonni suna cikin waɗanda ke mutuwa a bakin daga. Mai wannan hujja zai ce yanzu ne za a koya wa soja tambayar umarni? Runduna ba ta tsayuwa sai da ɗa'a, wannan ba abin musu ba ne, kuma ba wanda ke cewa kurtu ya riƙa muhawara da sajan kan inda za a kafa shinge. Maganar a kan umarni iri ɗaya ce tak, wanda ko yaro ya san haramun ne, kamar harbin wanda ya ɗaga hannu, ko ƙona rumbun ƙauye don an ce ɗan ta'adda ya sha ruwa a can. Jamus ta sa wannan cikin dokar sojanta tun 1956, cewa umarnin da bin sa laifi ne ba a bin sa, kuma rundunarta ba ta watse ba. Mu ma ba mu da ikon cewa abin ya wuce tare da Turawa. Bayan an kashe sojojin Nijar 71 a Inates a Disambar 2019 da wasu 89 a Chinagodar a Janairun 2020, hukumar kare haƙƙin ɗan Adam ta ƙasa ta binciki ɓatan farar hula fiye da ɗari a yankin, ta ce ta gano gawawwaki aƙalla 71 a kaburburan bai-ɗaya, kuma ta ɗora alhakin a kan wasu masu kaki, abin da hukumomin tsaro suka musanta. Duk yadda mutum ya ɗauki wannan rahoto, ya nuna cewa fushi da ramuwa suna iya kai kowace runduna inda ba ta yi niyya ba. Kuma kowane makiyayi da aka kashe bisa kuskure, ƙannensa ne 'yan ta'adda za su je wa da tayin bindiga. Soja mai sanin inda biyayya ta tsaya shi ne wanda ƙauyawa za su yarda su kai wa labari.

Me ya sa sai wasan kwaikwayo, ba littafin tarihi ba? Domin takardun Voulet suna Faransa da Faransanci, mutanen da abin ya shafa kuwa suna Ƙonni da Tsarnawa da Dogarawa da Galmi, kuma Hausa suke ji. A Jamus ma masana sun daɗe da rubuta laifuffukan rundunar Hitila, an yi babban baje kolin hotuna a kansu tun 1995, amma sai da aka sa wa abin fuska da suna a talabijin sannan jikoki da yawa suka juya suka tambayi kakanninsu me suka yi a Rasha. Nijar tana da gadon wasan Hausa tun zamanin samariya da ƙungiyoyi irin ta Yazi Dogo, Kano tana da masana'antar fim da ake kallo daga Agadas zuwa Kumasi, gidajen rediyon al'umma kuma suna shiga inda talabijin ba ta kai. Kayan aiki akwai. Abin da ake buƙata shi ne marubucin da zai zauna da tsofaffin Ƙonni ya ji abin da kakanninsu suka bar musu, da waɗanda suka gudu da inda suka ɓuya da yadda aka sake gina garin, ya haɗa da abin da Klobb da Joalland suka rubuta, sannan ya yi ƙarfin halin ƙirƙiro sojoji biyu a cikin rundunar, ɗaya ya harba ɗaya ya sunkuyar da bakin bindigarsa, ba tare da ya mai da na farkon dodo ko na biyun waliyyi ba. Kada ya ɓoye ganimar da aka raba, kada kuma ya ɓoye bulalar da ke bayan mai rabon.

Kirana ga masu shirya fim na Kano da Maraɗi da Yamai, da Télé Sahel, da masarautar Ƙonni da malaman jami'ar Tawa, shi ne su haɗa kai su yi wannan aiki tun tsofaffin da suka ji labarin daga bakin waɗanda suka gani suna raye. Idan an gama a fara nuna shi a Birnin Ƙonni, a fili, kyauta, sannan a kai shi makarantun horar da sojoji na Nijar da Najeriya.